Wa ya fara ɗaukar hoton yaƙi? Muhawara kan Satmari da Fenton

Malam Habibu:
Assalamu alaikum jama'ar zaure. Yau ƙorafi na kawo, kuma a madadin wani mamaci nake yin sa. Duk inda aka tashi zancen wanda ya fara ɗaukar hoton yaƙi, sunan Roger Fenton ake jefowa, Baturen Ingila da ya je yaƙin Kirimiya a 1855. Ban raina aikin Fenton ba. Amma kafin ya sauka a tashar Balaklaba a watan Maris na 1855, akwai wanda ya kusa shekara yana ɗaukar hoton wannan yaƙin. Sunansa Carol Szathmari, ana furta shi Satmari. An haife shi a garin Kuluj a 1812, jininsa na Hungari ne, amma a Bukares, babban birnin Romaniya ta yau, ya zauna ya yi suna, can kuma ya rasu a 1887. Da zane ya fara, daga baya ya rungumi kyamara.

Abin da ake mantawa shi ne, yaƙin Kirimiya ba a Kirimiya ya fara ba. A bakin kogin Danub aka soma. Rasha ta tura sojojinta yankunan Walakiya da Moldabiya a 1853, Turkiyya ta shelanta yaƙi a watan Oktoba na shekarar. Ingila da Faransa ba su shigo ba sai ƙarshen Maris 1854, kuma ba su taka ƙasar Kirimiya ba sai Satumba. To kun ga Satmari bai je neman yaƙi ba, yaƙin ne ya zo ya same shi a gida. Hafsoshin Rasha da suka cika Bukares sukan zo wurinsa ya ɗauke su. Wajen Afrilun 1854 sai ya loda kayan aikinsa a keken doki ya nufi bakin kogin, wajajen Oltenitsa da Silistira, ya ɗauki sansanoni da ganuwoyi da sojoji. Kuma ga abin da ya fi burge ni: ya ɗauki na Rasha, ya ɗauki na Turkiyya. Fenton a sansanin Ingila da ƙawayenta kaɗai ya tsaya.

Ya haɗa albam mai hotuna kusan 200 ya kai babban baje kolin Faris na 1855, aka ba shi lambar yabo. Ya kai wa Napoliyon na Uku na Faransa, ya kai wa Sarauniya Biktoriya ta Ingila, ya kai wa Sarkin Ostiriya. Amma yau ka tambayi ɗaliban aikin jarida goma, ban ce za ka samu ɗaya da ya taɓa jin sunansa ba. Me ya jawo haka?

Ɗanjuma K.:
Wa alaikumus salam Malam. Amsar a fili take ai. Ina hotunan? Na Fenton yanzun nan in na ga dama zan buɗe in kalla, ɗari uku da wani abu. Na mutuminka kuwa labari muke ji. Gani ya kori ji.

Malam Habibu:
Ɗanjuma, ka zo daidai inda nake so. Ina hotunan? Wuta ta cinye. A 1944, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, jiragen yaƙi suka yi wa Bukares ruwan bama-bamai, gidan da aka adana kayansa ya tafi, gilasan hotunan suka tafi tare da shi. Albam ɗin da ya raba wa sarakuna su ma mafi yawa sun salwanta, ragowar ƙalilan ne suka watsu a ɗakunan ajiya, wasu na ɗakin karatu na Cibiyar Masana ta Romaniya. To ka san abin da ya faru da na Fenton a wannan shekarar ta 1944? Ɗakin karatu na Majalisar Dokokin Amurka ya sayi hotunansa na Kirimiya guda 263 daga hannun wata ’yar danginsa, ya killace. Shekara ɗaya, ana ƙone na wannan, ana saye na wancan. Wannan ba gwaninta ba ce, rabo ne, da kuma irin ƙasar da mutum ya fito.

Ɗanjuma K.:
Na ji tausayinsa. Amma tarihi ba da tausayi ake rubuta shi ba, da hujja ake rubutawa. In alƙali ya ce kawo shaida ka ce gobara ta cinye, shari'a ta ƙare.

Malam Habibu:
Shaidu na nan. Wani ɗan jaridar Faransa mai rubutu a kan hoto, Ernest Lacan, ya riƙe albam ɗin da hannunsa a wancan lokacin, ya rubuta bayanin abin da ke ciki, aka buga a 1856. Lambar yabon Faris ma a rubuce take. Ga kuma ragowar hotunan. Wani masanin Romaniya, Adrian-Silvan Ionescu, ya daɗe yana bin diddigin wannan aiki. Matsalar ita ce yawancin abin da aka rubuta a kan Satmari da harshen Romaniya ne da Hungari da Faransanci, su kuwa littattafan da suka zagaya duniya a Landan da Niyok aka wallafa su.

Zainab Ɗaliba:
Malam, a yi mini afuwa in sa baki cikin maganar manya. In dai riga-riga ake yi, shi ma Satmarin an riga shi. A yaƙin Amurka da Meziko, a 1847, wani ya ɗauki hotunan sojoji a garin Saltiyo, hotunan suna nan, mai ɗaukar ne babu sunansa. Sannan ga John McCosh, likitan tiyata a rundunar Ingila ta Bengal, ya ɗauki hotuna lokacin yaƙin Sikh na biyu, 1848 zuwa 1849, ya sake ɗauka a Bama a 1852. To me ya sa za mu cire wa Fenton rawani mu naɗa wa Satmari?

Malam Habibu:
Madalla da ’yata Zainab, haka ake so. Gaskiyarki a kan shekaru. Bambancin da nake gani shi ne niyya. McCosh likita ne, hoto abin sha'awarsa ne a gefe, yawanci abokan aikinsa ya ɗauka da wasu manyan mutanen wurin. Satmari kuwa ya shirya keke musamman, ya bi rundunoni, ya tsara hotunan bi da bi domin mutanen da ba su je ba su ga yadda abin yake, sannan ya kai su gaban jama'a. Wannan shi ne aikin da yau muke kira ɗaukar hoton yaƙi. Har ma ya kusa rasa ransa a kai: a kusa da Oltenitsa sojojin Turkiyya sun hango kekensa suka zaci ɗan leƙen asirin Rasha ne, suka sakar masa wuta, Allah ya sa ba su same shi ba.

Baba Auwalu Mai Hoto:
Salamu alaikum. Ku ’yan boko kuna ta lissafin shekaru, ni keken dokin nan ne ya tsaya mini a rai, domin na san abin da ke cikinsa. Mu da muka yi zamanin ɗakin duhu da fim muna ganin mun sha wuya, amma tamu wasa ce. Mu fim ɗinmu a shirye yake zuwa cikin gwangwani, ka ɗauka yau ka wanke jibi. Su babu fim. Gilashi ne. Za ka goge shi tas, ka zuba masa wani ruwan magani mai danƙo da ake kira kolodiyon, ka karkata shi ya bi ko'ina daidai, ka tsoma shi a ruwan azurfa a cikin duhu, ka sa a gidansa, ka ruga wurin kyamara, ka buɗe ido ka ƙirga daƙiƙoƙi, ka rufe, ka rugo ka wanke. Duk wannan kafin gilashin ya bushe, wato cikin minti goma zuwa sha biyar. In ya bushe ya tashi aiki. Kamar mai suyar ƙosai ce, ba ta da damar juya baya.

To ku ɗora wannan a filin daga. Ƙura na tashi, ta sauka kan gilashi ta zama tabo. Zafi na busar da magani. Ruwa mai tsabta sai an nemo. Warin maganin a cikin rufaffen keke kaɗai ya isa ya sa mutum jiri. Wani Bature Scott Archer ne ya fito da wannan hanya a 1851, kun ga ke nan ba ta wuce shekara uku a duniya ba mutumin nan ya ɗauke ta ya kai bakin igwa. Ni ko hoto ɗaya nasa bai tsira ba, na sara masa.

Sadiq Dijital:
Baba, mu da muke danna sau ɗari biyu a biki ɗaya mu zaɓi goma, sai mu yi shiru.

Baba Auwalu Mai Hoto:
Ku yi shirun kuwa, ɗana. Kuma wannan ne ya sa ba za ku ga ana gwabzawa a hotunan wancan zamani ba. Duk abin da ya motsa sai ya zama hayaƙi a gilashi. Doki in ya kaɗa kai, ya fito ba kai. Dole soja ya tsaya cak kamar an dasa shi.

Hajiya Rabi:
Baba Auwalu, na yarda da kai rabi. Kyamarar ba ta iya kama mai gudu, gaskiya ne. Amma gawa ba ta gudu. Fenton ya yi wata uku da ’yan kai a Kirimiya, daga Maris zuwa Yuni, ya dawo da hotuna kusan 360, babu gawa ko ɗaya a ciki. Alhali a hunturun da ya gabaci zuwansa sojojin Ingila sun yi ta mutuwa saboda sanyi da kwalara da zawo da rashin abinci, cuta ta kashe fiye da waɗanda harsashi ya kashe. Shi kansa da kwalara ya koma gida. Amma me ya ɗauko? Hafsoshi a bakin tanti, ana zuba musu abin sha, jiragen ruwa a tasha, dawakai. Dalili a bayyane yake: wani kamfanin sayar da hotuna na Mancesta, Thomas Agnew, shi ya ɗauki nauyin tafiyar domin ya sayar wa masu kuɗi, kuma ya tafi da takardun gabatarwa daga Yarima Albat, mijin sarauniya. Wa zai sayi hoton gawar ɗansa ya rataye a falo?

Abin da ya tona asirin wancan yaƙi alƙalami ne, ba kyamara ba. Rahotannin William Howard Russell a jaridar The Times su suka tayar da hankalin mutanen Ingila, har gwamnatin Firaminista Abadin ta faɗi a farkon 1855, tun Fenton bai iso ba.

Kuma Malam Habibu, kada ka ji daɗi da wuri, naka ma bai tsira ba. Wa ya kai wa albam ɗinsa? Sarakuna. Daga baya ya zama mai hoton fadar Yarima Kuza mai mulkin Romaniya, sannan na magajinsa Karol na Ɗaya, har ya bi shi yaƙin da aka yi da Turkiyya a 1877. Dukansu biyu ’yan fada ne.

Malam Habibu:
Hajiya, Allah ya ƙara girma, ba zan musa ba, ɗan fada ne. Amma a duba zamanin. Jarida ba ta iya buga hoto kai tsaye a lokacin, sai an ba masassaƙi ya kwaikwayi hoton a kan katako sannan a buga. Buga hoto sosai a jarida bai yaɗu ba sai wajen 1890. To mai hoto wa zai sayar wa? Sarki ko attajiri. Abin da nake cewa shi ne, cikin ’yan fadan nan biyu, ɗaya ya shiga sansanoni biyu masu gaba da juna. Rashawa sun bar Bukares a 1854, Turkawa suka shigo ƙarƙashin Umar Fasha, Ostiriyawa suka biyo baya, duk ya ɗauke su. Da albam ɗin ya tsira, da muna da fuskokin sojojin Turkiyya na bakin Danub, da mayaƙan sa-kai da ake kira bashibazuk, masu yawa. Su ne aka fi mantawa a labarin wannan yaƙi, alhali a ƙasarsu aka fara shi, su kuma suka riƙe Silistira har Rasha ta janye a watan Yunin 1854.

Ɗanjuma K.:
"Da albam ɗin ya tsira." Malam, kullum muna komawa kan da.

Zainab Ɗaliba:
Hajiya, tunda kin taɓo Fenton, akwai maganar shahararren hotonsa na kwarin nan da harsasan igwa suka cika, wanda ya ɗauka ranar 23 ga Afrilu 1855. Ashe guda biyu ne daga wuri ɗaya. A ɗaya hanya fayau take, harsasan na cikin kwata a gefe. A ɗayan kuma ga su warwatse a kan hanya. An daɗe ana musu kan wanne ya riga. A 2007 Errol Morris, wani mai shirya fina-finai na Amurka, ya bi maganar har Kirimiya, a ƙarshe ƙananan duwatsun gefen tudu ne suka raba gardama: a hoto mai harsasai a hanya duwatsun sun ɗan gangaro ƙasa, alamar an tattaka wurin. Ke nan mai hanya fayau shi ne na farko, daga baya aka ɗora harsasan.

Sadiq Dijital:
Kai! Ashe tun kafin Photoshop ana gyara.

Baba Auwalu Mai Hoto:
Kada ku yi saurin yanke masa hukunci. Wurin da gaske ana harbi, harsasan na gaske ne, ba daga gida ya zo da su ba. Kuma sojoji kan tattara irin waɗannan harsasai a sake harba su. Mai hoto duk duniya yana gyara abin da ke gabansa. In na ce wa ango matsa kusa, ɗaga haɓa, ƙarya na yi?

Hajiya Rabi:
Baba, ango ya san ana gyara shi, wanda zai kalli hoton biki ma ya sani. Mai kallon hoton yaƙi ɗauka yake haka aka tarar. Nan bambancin yake.

Kuma abin bai tsaya kan harsashi ba. Bayan Fenton ya tafi, James Robertson da surukinsa Felice Beato suka ɗauki hotunan Sebastofol, babbar tungar Rasha a Kirimiya, bayan ta faɗi a Satumba 1855. Shi Beato ɗin ya wuce Indiya a 1858, bayan boren da aka yi wa Ingilishi. A Laknau ya ɗauki wani gini, Sikandar Bag, inda sojojin Ingila suka kashe Indiyawa kusan 2,000 a Nuwamba 1857. Watanni bayan kisan ya iso, amma a hoton ga ƙasusuwa da ƙoƙunan kai shimfiɗe a tsakar gida, kuma masana da dama sun tafi a kan cewa shi ya sa aka baza su domin hoton. A Sin kuma, a 1860, ya shiga ganuwar Taku ana gama cin ta, wani likitan soja da ke wurin ya rubuta cewa ya gan shi yana roƙo kada a taɓa gawarwakin sai ya gama ɗauka. Ku lura da gawar wa aka nuna. Ta Indiyawa da ta Sinawa. Ta Bature ba ta shiga gilashi ba. Wannan Beaton har Sudan ya je a 1885 tare da rundunar Ingila ta Wolseley da ta tafi ceton Janar Gordon a Hartum.

Abakar Injamena:
Hajiya, kin taɓo inda yake mana ciwo. Mu nan ba sai mun je Indiya ba. Ranar 22 ga Afrilu 1900 Faransawa suka kashe Rabe a Kusiri, ga ta can tsallaken kogi muna hango ta. Aka sare kansa, aka ba wani sojansu baƙar fata ya ɗaga, aka ɗauki hoto, hoton ya zagaya Faransa. A wannan faɗan kwamandansu Lami shi ma ya mutu. Shi ba a nuna gawarsa ba, sunansa aka sa wa garinmu, Fort Lami, sai 1973 aka canza. Ba ina wanke Rabe ba ne, mutanen Borno sun san abin da ya yi musu kafin ya zauna a Dikwa. Amma kyamarar da ta zo ƙasashenmu a bayan bindiga ta zo, kuma ta san wanda take yi wa aiki.

Malam Habibu:
Malam Abakar, sannu da wannan. Shi ya sa nake nacewa a kan Satmari. Ba ɗan daular da ta ci yaƙi ba ne. Mutumin ƙasar da manya suka mayar filin dambe ne, rundunoni uku suka ratsa garinsa cikin shekara biyu. Irin wannan mai hoto daban yake da wanda jirgin ruwa ya kawo zai kuma mayar.

Ɗanjuma K.:
Yanzu kuma ka mai da shi talaka abin tausayi, mutumin da ya sha shayi da sarakuna uku. Malam, a bar shi a matsayinsa: gwani ne, ya riga Fenton, kayansa sun ƙone. Wannan na karɓa. Amma cewa idonsa ya fi na Fenton adalci, wannan sai na ga hotuna 200 ɗin.

Malam Habibu:
Ban ce ya fi shi adalci ba. Cewa na yi ya tsaya a wurare biyu, wancan ya tsaya a ɗaya.

Ɗanjuma K.:
Mai sayar da goro ma yana shiga gidaje biyu masu gaba. Ciniki ne.

Hajiya Rabi:
Ku biyun nan ba za ku gama ba. Bari in kawo ta kusa. A Amurka ma an yi irin wannan danniya ta suna. Hotunan gawarwakin faɗan Antitam na 1862, lokacin yaƙin basasar Amurka, da aka baje a shagon Mathew Brady a Niyok, Alexander Gardner da James Gibson ne suka ɗauka, amma sunan mai shago ya fita. Mu ma nan, in aka ce hoton yaƙin basasar Nijeriya, 1967 zuwa 1970, sunan Don McCullin ne ke fara zuwa bakin mutane. Nawa ne cikinku suka san Peter Obe, babban mai hoton Daily Times, wanda ya bi yaƙin da kyamararsa?

Zainab Ɗaliba:
Wallahi Hajiya yau na fara jin sunansa, kuma aikin jarida nake karanta.

Baba Auwalu Mai Hoto:
’Yata, ba laifinki ba ne. Mu ba ma sai an jefo mana bam ba. Da dijital ta shigo, na san shaguna da aka kwashe nagatif buhu-buhu aka kai bola domin a samu wurin ajiye kwamfuta. Hawan salla, naɗin sarauta, zuwan shugabanni, sojoji da suka zo ɗaukar hoto kafin a tura su daga su bar wa iyayensu, duk a ciki. Wasu gara ta ci, wasu damina ta manne su. Nawa na nan a akwatin ƙarfe, amma zafi ya fara sa wasu warin tsami.

Sadiq Dijital:
Baba, wannan warin alamar fim ya fara lalacewa ne, kuma yana kama na kusa da shi. Ka ware masu warin daban tun yau, kada ka bar su a rufe tare da sauran. Ina da na'urar sikanin da ke ɗaukar nagatif. In ka amince in zo ranar Asabar mu fara da waɗanda suka fi tsufa.

Baba Auwalu Mai Hoto:
Ka zo bayan la'asar. Ka taho da safar hannu, ba na son tabon yatsa a kansu.